Gwagwarmayar Ceto Dajin Karura: Dukiyar Kowa, Wa Ke Tsaronta?

1.0 Gabatarwa

A duk lokacin da aka ji labarin wasu mutane sun tsaya gaban katafila domin hana a share wani daji, ra'ayin jama'a yakan rabu gida biyu. Wasu sukan yaba musu, wasu kuwa su ɗauke su maƙiya ci gaba, waɗanda suka fifita itace da biri a kan ɗan Adam. Wannan saɓani ba ya warwaruwa da ɗaga murya. Hanyar da ta fi dacewa ita ce a ɗauki misali guda wanda ya riga ya auku, a bi shi tun daga farko, a ga abin da kowane ɓangare ya ce da kuma abin da lokaci ya tabbatar. Misalin da wannan maƙala ta zaɓa shi ne na Dajin Karura da ke birnin Nairobi na ƙasar Kenya, wanda aka yi yunƙurin rabe shi zuwa fulotai a cikin shekarun 1990. Ra'ayin da maƙalar ta tsaya a kai shi ne, masu fafutukar da suka hana wannan rabo sun yi daidai, kuma abin da ya faru ya nuna cewa doka ita kaɗai ba ta tsare gandun daji. Daji yakan tsira ne idan akwai jama'ar da suka san shi, suke amfana da shi, suka kuma ɗauke shi nasu.

2.0 Dajin Karura da Amfaninsa

Dajin Karura yana arewacin birnin Nairobi, kuma faɗinsa ya ɗan haura hekta 1,000. Gwamnatin mulkin mallaka ta Ingila ce ta keɓe shi a matsayin gandun daji a shekarar 1932. A cikinsa akwai rafuka da fadamu da wurin da ruwa ke zubowa daga kan dutse, da kuma koguna waɗanda aka ce mayaƙan Mau Mau sun riƙa ɓuya a cikinsu lokacin da suke yaƙin neman 'yanci a shekarun 1950. Akwai birai da gada da tsuntsaye iri-iri. Wani abin lura shi ne, hedikwatar Hukumar Kula da Muhalli ta Majalisar Ɗinkin Duniya tana unguwar Gigiri ne, wato a maƙwabtaka da wannan daji.

Amfanin irin wannan daji a tsakiyar birni bai tsaya ga kyan gani ba. Ganyayen itatuwa suna tare zafin rana, suna kuma fitar da raɓar da ke sanyaya iska, shi ya sa unguwannin da ke kusa da daji suka fi masu kwalta da siminti zalla sanyi. Saiwoyi suna riƙe ƙasa, busassun ganyayen da ke zuba kuma suna sa ta yi laushi, saboda haka idan aka yi ruwa kamar da bakin ƙwarya sai ƙasa ta tsotse shi a hankali, ya gangara rafuka sannu-sannu. Inda aka share itatuwa aka shimfiɗa siminti kuwa, ruwan nan gaba ɗaya yake kwarara, ya zama ambaliya ga waɗanda ke zaune a gangare, waɗanda galibinsu talakawa ne. Birnin da ƙidayar shekarar 2019 ta nuna yana da mutum kusan miliyan 4.4, ga motoci ga masana'antu, yana matuƙar buƙatar wurin da zai riƙa tace masa iska.

3.0 Yadda Aka Yi Yunƙurin Rabe Dajin

Tambayar da za ta fara zuwa a zuciya ita ce, ta yaya za a rabe dajin da doka ta keɓe tun 1932? Amsar tana cikin dokar kanta. Tsohuwar dokar gandun daji ta Kenya ta ba minista ikon sauya iyakar kowane gandu, matuƙar dai ya buga sanarwar kwana 28 a jaridar gwamnati, jaridar da ba kowa ke ganinta ba, balle ya karanta. Haka kuma doka ta ba shugaban ƙasa ikon bayar da filin gwamnati. Da waɗannan ƙofofi guda biyu, ana iya mayar da dukiyar al'umma ta mutum ɗaya ba tare da an ji ƙarar gatari ba.

A zamanin mulkin Shugaba Daniel arap Moi, musamman bayan da aka koma tsarin jam'iyyu da yawa a ƙarshen 1991, filayen gwamnati sun zama abin saka wa magoya baya. Hukumar bincike da aka kafa a 2003, wadda aka fi sani da Hukumar Ndung'u, ta miƙa rahotonta a 2004, inda ta ƙiyasta cewa an bayar da takardun mallakar fili kimanin 200,000 ba bisa ƙa'ida ba, kuma rabon yakan ƙaru a daidai lokutan zaɓe. Gandun daji da filayen makarantu da maƙabartu da gefen hanyoyi, duk ba su tsira ba. A cikin wannan yanayi ne aka yanka kusan rabin Dajin Karura aka ba wasu kamfanoni a asirce, da nufin gina gidaje na alfarma. Jama'a ba su farga ba sai a 1998, lokacin da aka ga an fara sare itatuwa ana fitar da hanyoyi da magudanun ruwa.

4.0 Wangari Maathai da Gwagwarmayar 1998 zuwa 1999

Wadda ta jagoranci adawa da wannan aiki ita ce Farfesa Wangari Maathai. An haife ta a yankin Nyeri a 1940, ta kuma sami digirin digirgir a Jami'ar Nairobi a 1971, wanda ya sa ta zama mace ta farko da ta kai wannan matsayi a Gabashi da Tsakiyar Afirka. A 1977 ta kafa ƙungiyar Green Belt, wadda aikinta shi ne koya wa matan karkara renon tsirrai da dasa itatuwa, domin su sami itacen girki da inuwa da ɗan abin sakawa a aljihu. Karura ba shi ne karonta na farko da gwamnati ba. A 1989 ta yi tsayin daka wajen hana gina bene mai hawa 60 a filin shaƙatawa na Uhuru da ke tsakiyar Nairobi. A lokacin an yi mata ba'a a majalisa, an kori ƙungiyarta daga ofishinta, shugaban ƙasa da kansa ya nuna cewa mace ta gari ita ce mai girmama maza ta kama bakinta. Amma a farkon 1990 masu zuba jari na ƙasashen waje suka janye, aikin ya ruguje. Hausawa na cewa ɗan hakin da ka raina shi ke tsone maka ido.

A watan Satumba na 1998 ta rubuta wa Babban Lauyan Gwamnati takarda tana neman a dakatar da sarar Karura, ta kuma sanar da 'yan jarida. Daga nan ita da matan ƙungiyarta suka shiga dajin suka kafa wurin renon tsirrai, suna dasa sababbi a inda aka sare. Da aka tsare ƙofar shiga, sai suka ratsa ta cikin fadama domin su ba tsirransu ruwa. A watan Oktoba na wannan shekara, wasu fusatattun masu zanga-zanga suka banka wa motocin aiki da ofishin 'yan kwangila wuta.

Ranar 8 ga Janairu, 1999, Maathai ta koma ƙofar dajin tare da wasu 'yan majalisa na adawa da 'yan jarida da masu sa ido, da niyyar dasa itace. Masu gadin da aka ɗauko haya suka far musu da bulala da kulake da adduna, aka fasa mata kai, aka raunata mutane da dama. Da ta je ofishin 'yan sanda kai ƙara, da jinin da ke zuba daga kanta ta sa hannu a kan takardar. 'Yan sanda ba su kama kowa ba, amma an ɗauki hoton abin da ya faru, duniya ta gani. Kofi Annan, Babban Sakataren Majalisar Ɗinkin Duniya na lokacin, ya yi Allah wadai da harin. Ɗaliban jami'a suka fito kan tituna, aka yi ta arangama da 'yan sanda, shugabannin coci-coci su ma suka sa baki. A ranar 16 ga Agusta, 1999, Shugaba Moi ya sanar da haramta rabon filayen gwamnati. Aikin gini a Karura ya tsaya, dajin ya tsira.

5.0 Hujjojin Masu Suka

Adalci ne a saurari waɗanda ba su yarda da masu fafutukar ba, domin wasu daga cikin hujjojinsu suna da nauyi.

Hujja ta farko ita ce ta matsugunni. Nairobi birni ne mai fama da ƙarancin gidaje, inda ɗimbin mutane ke cunkushe a unguwannin marasa galihu irin su Kibera da Mathare. Mai suka yana iya cewa, ina amfanin ajiye hekta 1,000 domin birai alhali mutane ba su da wurin sa haƙarƙari? Wannan tambaya ce mai kyau, sai dai ba ta dace da Karura ba. Dajin yana kewaye ne da unguwannin masu hali irin su Muthaiga da Runda da Gigiri, kuma gidajen da aka yi niyyar ginawa na masu kuɗi ne. Babu mazaunin Kibera ko ɗaya da zai sami ɗaki a cikinsu. Idan aka ce ci gaba, wajibi ne a tambaya, ci gaban wa? Aikin da zai ɗauke abin da miliyoyin mutane ke da haƙƙi a cikinsa ya danƙa wa 'yan tsiraru, sunansa handama, ko da kuwa an yi masa ado da takardar mallaka mai hatimi.

Hujja ta biyu ita ce ta bin doka. Kamfanonin suna riƙe da takardu daga hukuma, masu fafutuka kuwa sun shiga wurin ba da izini ba, har aka kai ga ƙona dukiya. A nan ya kamata a rarrabe. Ƙona motocin aiki kuskure ne, domin ya ba abokan hamayya abin kafa hujja, kuma yana iya jawo asarar rai. Amma ba wutar ce ta ceci Karura ba. Abin da ya juya zukatan jama'a shi ne ganin an fasa kan mace 'yar shekara 58 wadda ba ta riƙe da komai sai tsiro. Game da takardu kuwa, filin gwamnati amana ce a hannun mai mulki, kuma wanda aka ba ajiya ba shi da ikon yin kyauta da ita. Takardar da aka samu ta hanyar cin amana tana iya cika sharaɗin ofis, amma ba ta cika sharaɗin gaskiya ba. Binciken Hukumar Ndung'u ya zo daga baya ya tabbatar da irin abin da masu fafutukar suka daɗe suna faɗa.

Hujja ta uku ita ce cewa rajin kare muhalli aƙida ce ta Turawa, waɗanda suka cinye nasu dazuzzukan suka yi arziki, sannan suka dawo suna hana Afirka taɓa nata. Gaskiya ne cewa muryoyin ƙasashen waje sun taimaka wajen matsa wa gwamnatin Moi lamba. To amma waɗanda suka sha bulala a ƙofar Karura 'yan Kenya ne: matan karkara da ɗalibai da 'yan majalisa da 'yan jarida. Matar da ke tafiya mai nisa neman itacen girki, wadda kuma ta ga rafin ƙauyensu ya ƙafe, ba ta buƙatar baƙo ya gaya mata amfanin daji. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

6.0 Abin da Ya Biyo Bayan Nasara

Da labarin ya ƙare a 1999, da darasin bai cika ba. Bayan an kori katafila, Karura bai zama wurin da mutane ke marmarin zuwa ba. Shekaru da dama ya kasance maɓoyar ɓarayi da 'yan fashi, har ana tsintar gawawwaki a cikinsa, mutanen birni kuwa suna tsoron ko kusantarsa. Dajin da jama'a ke tsoro yana cikin haɗari, domin ranar da wani ya sake cewa a share shi, da yawa za su ce gara haka. Ashe zanga-zanga tana iya hana ɓarna, amma ba ta isa ta raya wuri ba.

Abubuwa biyu ne suka sauya lamarin. Na farko shi ne gyaran doka. Bayan zaɓen Disamba na 2002, wanda ya kawo Mwai Kibaki kan mulki, Maathai ta zama 'yar majalisa mai wakiltar Tetu, aka kuma naɗa ta mataimakiyar ministan muhalli. A 2005 aka kafa sabuwar dokar gandun daji, wadda ta sa ba a iya yankar gandu sai da amincewar majalisa, ta kuma ba mazauna kusa da daji damar kafa ƙungiya su haɗa hannu da hukuma wajen kula da shi. Tsarin mulkin 2010 ya ƙara da cewa zama a tsabtataccen muhalli haƙƙi ne na kowane ɗan ƙasa.

Na biyu shi ne shigowar jama'a. A 2009 aka kafa Ƙungiyar Aminan Dajin Karura, wadda ta tara kuɗi ta kewaye dajin da shinge mai lantarki, tare da haɗin gwiwar Hukumar Gandun Daji ta Kenya. Aka ɗauki matasa daga unguwar talakawa ta Huruma da ke gefen dajin aikin sintiri, mata kuma suka sami aikin cire miyagun ciyayi da dasa itatuwa 'yan asalin ƙasar a maimakon na turare da makamantansu da aka shigo da su tun zamanin Turawa. A 2011 aka buɗe dajin ga kowa. Ya zama wurin yawo da gudu da hawan keke, makarantu kuma suna kai yara domin su ga abin da ake koya musu a aji. Ana iya sukar kuɗin shiga da ake karɓa, domin komai ƙanƙantarsa yana iya hana talaka, kuma wannan abu ne da ya kamata a riƙa dubawa. Duk da haka, wanda ke cin abinci a daji da wanda ke kai 'ya'yansa can ba za su zuba ido a rabe shi ba.

Barazanar ba ta gushe ba. A ƙarshen 2024 ƙungiyar Green Belt ta garzaya kotu a kan shirin yankar sama da eka 50 na dajin domin faɗaɗa titin Kiambu, kotu kuma ta ba da umarnin dakatarwa. Bambancin shi ne, abin da a 1999 sai da aka zubar da jini kafin a hana, a 2024 takarda da lauya sun wadatar. Ita kuwa Maathai, an ba ta lambar yabo ta Nobel ta zaman lafiya a 2004, mace ta farko daga Afirka da ta samu, a lokacin ƙungiyarta ta dasa itatuwa sama da miliyan 30. Ta rasu ranar 25 ga Satumba, 2011.

7.0 Darasi ga Mai Shirin Zama Malami

Masu iya magana sun ce idan gemun ɗan'uwanka ya kama da wuta, shafa wa naka ruwa. A Nijeriya ma, Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa filayen kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana domin amfanin jama'a. Wato irin ƙofar da aka bi aka shiga Karura ba baƙuwa ba ce. Duk wanda ya taso a ƙasar Hausa ya san yadda burtali ke komawa gona, kududdufi ya koma fuloti, filin wasan makaranta ya koma jerin shaguna, sau da yawa ba tare da kowa ya ce uffan ba, domin kowa yana ganin abin ba nasa ba ne.

A nan ne aikin malami ya shigo. Yaron da bai san sunan itatuwan garinsu ba, bai san inda iyakar makarantarsu ta tsaya ba, ba zai ji zafi ba ranar da aka sare ko aka yanka. Malamin Hausa musamman yana da kayan aiki a hannu, domin harshen cike yake da sunayen itatuwa irin su gawo da ɗorawa da kaɗanya da kuka da tsamiya, da karin magana da tatsuniyoyin da suka ginu a kansu. Yana iya sa ɗalibai su tattaro waɗannan sunaye daga bakin tsofaffi tare da amfanin kowace bishiya, su gano waɗanda suka ɓace daga yankinsu. Yana iya koya musu rubuta wasiƙar koke zuwa ga hukuma cikin ladabi da hujja, domin da wasiƙa gwagwarmayar Karura ta fara. Yana iya shirya muhawara a aji a kan gini da daji, inda kowane ɓangare zai kawo dalilansa. Sannan kowane aji ya dasa itace, a ɗora masa alhakin ban-ruwa har ya kama.

8.0 Kammalawa

Wannan maƙala ta bi tarihin Dajin Karura tun daga keɓe shi a 1932, zuwa rabe shi a asirce, da gwagwarmayar 1998 zuwa 1999, da kuma yadda aka raya shi daga 2009. An ga cewa doka ta keɓe dajin shekaru fiye da 60, amma ta hanyar dokar nan aka so a cinye shi. An kuma ga cewa masu fafutuka ba su ƙi gini ba, abin da suka ƙi shi ne a mayar da dukiyar kowa ta wasu. Babu mai musun cewa birane suna buƙatar gidaje da hanyoyi, sai dai gida ana gina shi cikin shekara guda a wani filin, dajin da aka share kuwa sai jikoki ne za su ga madadinsa, idan ma an dasa. Saboda haka duk lokacin da aka zo da shirin yankar gandun daji ko wani filin al'umma, nauyin kawo hujja yana kan mai son yanka, kuma haƙƙin jama'a ne su tambaye shi a fili: wa zai amfana, wa zai yi asara, kuma wa aka shawarta? Tarbiyyar mutanen da za su iya yin waɗannan tambayoyi tana farawa ne daga aji.